Sauri Ya Haifi Nawa: Yadda Ƙosawa da Jinkiri Ta Sassaƙa Dokokin Wasan Shaɗaranji

Tsakure

Wannan maƙala ta bi sawun sauye-sauyen da dokokin wasan shaɗaranji suka gani tun daga fadar Abbasiyawa a Bagadaza har zuwa zamanin kwamfuta. Abin da take son tabbatarwa shi ne, yawancin dokokin da sabon shiga yake gani kamar don a rikita shi aka ƙaga su, amsa ce ga wani ƙorafi guda da ya ƙi ci ya ƙi cinyewa: wasan yana cin lokaci, kuma sau da yawa a tashi ba a san gwani ba. An duba tafiyar 'ya'yan wasan, da agogo, da dokar taku 50, da tsarin gasar duniya, da ilimin buɗin wasa, domin a ga yadda kowane magani da aka kawo ya iso da tasa cutar.

1.0 Gabatarwa

Duk wanda ya zauna gaban malami a zaure ya sauke Risalar Ibn Abi Zaid Alƙairawani ya taɓa cin karo da sunan wannan wasa, ko da bai taɓa ganin allonsa ba. Can wajen ƙarshen littafin aka ambace shi tare da nardi cikin wasannin da ba a yarda da su ba, bisa ra'ayin Imamu Malik wanda ya ƙi shi tun a Muwaɗɗa. Hukuncin nan na malaman fiƙihu ne, ba shi ya kawo ni gabanku ba. Abin da mai nazarin tarihi zai ɗauka a ciki shi ne, wasan ya riga ya bazu a ƙasashen Musulmi tun ƙarni na 8, domin malami ba ya ɓata tawadarsa a kan abin da ba a yi.

Matasanmu na yau suna ce masa ces, wasu kuma su ce darar Turawa. Sunan na biyun ya yi kuskure biyu a numfashi ɗaya: wasan ba dara ba ne, kuma ba Turawa suka ƙago shi ba. Na zaɓi in kira shi shaɗaranji saboda da wannan sunan ya shigo littattafanmu. Ko a Borno, inda C. K. Meek ya ba da rahoton wasan a mujallar Man a 1934, sunan da ya ji a bakin mutane shi ne tsatsarandi, wanda kunne kaɗai ya isa ya gane daga ina ya fito.

Domin mu fahimci juna, zan ari kalmomin 'yan dara. Allon yana da gidaje 64, kowane ɓangare yana da 'ya'ya 16: sarki, sarauniya, hasumiya biyu, giwa biyu, doki biyu da dakaru takwas. Kowane motsi zan kira shi taku, ɗauke ɗan abokin karawa kuwa ci ne, wasan da ba a sami gwani ba kuma canjaras.

2.0 Wasan da Bagadaza ta sani

Masana, tun daga H. J. R. Murray wanda ya fitar da babban littafinsa na tarihin wasan a 1913, sun fi karkata ga cewa a Indiya aka haife shi wajen ƙarni na 6, da sunan caturanga, wato rassa huɗu na rundunar yaƙi: giwaye, dawakai, kekunan yaƙi da 'yan ƙasa. Farisawa suka karɓa suka ce catrang. Da Musulmi suka ci Farisa a ƙarni na 7, harshen Larabci ya lanƙwasa sunan ya koma shaɗaranj. Kalmar shah mat, wadda ake furtawa idan sarki ya rasa mafita, ita ma gadon Farisa ce.

A Bagadaza wasan ya zama ilimi. Al-Adli ya rubuta littafi a kansa a ƙarni na 9, kafin Ar-Razi ya kayar da shi a gaban Halifa Al-Mutawakkil. Bayansu sai As-Suli, marubucin tarihi kuma abokin hirar halifofi, wanda ya rasu wajen 946. An kasa 'yan wasa daraja-daraja, na ƙoli ana ce musu aliyat. As-Suli ya bar wata matsala ta ƙarshen wasa, sarki da waziri a kowane ɓangare, ya yi alfaharin cewa ba mai warware ta sai wanda shi ya koya wa. Sai a shekarun 1980 gwanin Rasha Yuri Averbakh ya kwance ta.

To amma wasan da waɗannan mutane suka gwanance a kai, tafiyar hawainiya yake yi. Ɗan da muke kira sarauniya a yau, a wancan zamani firzan ne, wato waziri, kuma gida ɗaya tak yake takawa a karkace. Giwa tana tsallake gida ɗaya a karkace ta sauka a na biyu, abin da ya sa gidaje takwas kacal cikin 64 take iya takawa duk tsawon wasa, kuma giwayen nan huɗu ba mai iya haɗuwa da 'yar uwarta. Dakare gida ɗaya yake matsawa ko a takun farko, in ya yi sa'ar kaiwa ƙarshen allo kuma waziri kawai zai zama. Rukku, kakan hasumiyar yau, shi kaɗai ne mai dogon zango. Jere huɗu ne babu kowa tsakanin rundunonin biyu, saboda haka sai a yi taku goma sha wani abu ba wanda ya ji warin ɗan uwansa.

Da irin waɗannan raunanan 'ya'ya, kashe sarki aiki ne ja. Shi ya sa aka buɗe wasu ƙofofin nasara: wanda ya cinye wa abokin karawarsa 'ya'ya duka ya bar masa sarki tsirara ya ci wasa, haka ma wanda ya maƙale shi har ya rasa takun da zai yi. Ina roƙon mai sauraro ya riƙe wannan doka ta biyu a ransa, za mu sake haɗuwa da ita.

Maganin farko da aka yi wa nawar wasan shi ne ta'abiya, kalmar da ke nufin jera runduna kafin gwabzawa. Gwanaye sun tsara wasu sifofi da kowa zai nufa da 'ya'yansa, kusan ba tare da ya kula da abin da ɗaya ɓangaren yake yi ba, har sai an jeru. Akwai Mujannah mai fukafukai, akwai Sayyal mai kwarara kamar ambaliya. Ɗan dara zai gane abin nan da nan, domin shi ma sai ya gama zuba 'ya'yansa a gurabe kafin wasan gaske ya tashi. Habashawa, a nasu nau'in da suke kira senterej, sun ma fi kowa gajen haƙuri: a farkon wasa kowa yana tura 'ya'yansa iya saurin hannunsa ba tare da jiran layi ba, sai an yi ci na farko sannan a koma ba-ni-in-ba-ka.

3.0 Lokacin da sarauniya ta haukace

Ta Andalus da Sisiliya wasan ya shiga Turai, kuma har yau sawun hanyar yana nan a harsuna. Mutanen Sifen suna kiran giwa alfil, ba su ko cire mata alif da lam ba. Rashawa suna kiranta slon, wato giwa a harshensu, sarauniya kuwa ferz suke ce mata. Ingilishi ne suka mai da giwar limamin coci, Faransawa suka mai da ita wawan sarki.

Turawa sun gaji wasan tare da ƙorafinsa. Littafin wasanni da Sarki Alfonso na 10 na Kastil ya sa aka kammala a 1283 ya faɗi ƙarara cewa wasu sun shigo da ƙwayar caca cikin wasan ne saboda gajiya da tsawonsa: a jefa, lambar da ta fito ita za ta faɗi ɗan da za a motsa. A wasu garuruwan kuma aka yarda dakare ya taka gida biyu a fitarsa ta farko, aka ba sarki da waziri damar tsalle ɗaya a duk wasa. Duk faci ne a tsohuwar riga.

Sabuwar rigar an ɗinka ta ne a Balensiya wajen 1475. A wata waƙa mai suna Scachs d'amor aka fara ganin cikakken wasa da sababbin dokoki: sarauniya tana zuwa duk inda ta ga dama, a miƙe ko a karkace, giwa kuma tana ratsa allo daga kusurwa zuwa kusurwa. Littafin Lucena da aka buga a Salamanka a 1497 yana ɗauke da tsarin biyu kafaɗa da kafaɗa, yana kiran ɗaya na sarauniya, ɗayan kuma na da. Italiyawa suka raɗa wa sabon suna wasan mahaukaciya. Cikin abin da bai kai shekara ɗari ba, tsohon wasan da ya rayu kusan shekara 900 ya ɓace daga yammacin Turai.

Akwai ra'ayin da Marilyn Yalom ta yayata a littafinta na 2004, cewa ƙarfin sarauniyar allo inuwa ce ta ƙarfin sarauniyoyin gaske, musamman Isabella wadda ta hau gadon Kastil a 1474. Ra'ayin yana da daɗin ji, shekarun ma sun yi daidai, amma ni bai gamsar da ni ba. Da farko, tun wajen shekara ta 1000 wata waƙar Latin da aka samu a gidan ibada na Einsiedeln a Suwizalan ta riga ta kira ɗan nan sarauniya, ta kuma ci gaba da rarrafe gida ɗaya-ɗaya har kusan ƙarni biyar, alhali Turai ba ta rasa mata masu mulki a tsakani ba. Na biyu, wace sarauniya ce ta ƙara wa giwa zango a daidai wannan lokaci? Idan aka dubi sauyin biyu tare, aka haɗa da taku biyun dakare, abin da ya haɗa su ɗaya ne: a sa rundunoni su haɗu da wuri. A sabon tsari ana iya kashe sarkin gafalalle a taku huɗu, wanda ya yi wauta sosai ma a taku biyu.

4.0 Gyaran ɓarnar da saurin ya yi

Dokokin da suka fi rikita mai koyo duk daga nan suka samo asali. Ɗauki cin wucewa. A da, dakaren da ya kutsa har jere na biyar ya san duk dakaren abokin gaba da zai fito ta gefensa dole ya taka gidan da yake tsaro. Da aka ba da damar taku biyu, sai ya zama ana iya zille masa a wuce. Aka ce to, ya ci mai zillewar kamar dai gida ɗaya ya taka, da sharaɗin ya yi hakan nan take, in ya bari taku ɗaya ya shige ya rasa. Italiyawa sun ƙi wannan doka har zuwa 1880.

Haka fakewar sarki. Da sarauniya da giwa suka zama masu dogon hannu, zaman sarki a tsakiyar allo ya zama ganganci. Abin da 'yan wasa suka saba yi shi ne su jawo hasumiya kusa da sarki, a taku na gaba ya yi amfani da tsallensa guda ya haye ta. A hankali aka dunƙule takun biyu ya zama ɗaya, shi ne kaɗai lokacin da mutum yake motsa 'ya'ya biyu a tashi guda. Sharuɗɗansa suna da sarƙaƙiya har ga manya. A 1974 a Mosko, cikin wasa na 21 na karawarsa da Anatoly Karpov, Viktor Korchnoi ya tashi ya je ya tambayi alƙalin wasa ko ya halatta sarki ya fake alhali ana barazana ga hasumiyar. Aka ce masa ya halatta. Ya dawo ya fake, ya ci wasan.

Maƙalewar sarki kuwa, ba dokar da ta sha juyi kamarta. A Bagadaza nasara ce ga wanda ya maƙale. A Ingila, daga ƙarni na 17 har farkon na 19, wanda ya maƙale abokin karawarsa shi ne ya faɗi. Daga baya aka daidaita a kan canjaras. Hujjar a fili take: tunda yanzu sarauniya ɗaya ta isa a kashe sarki cikin 'yan taku, wanda ya yi sakaci ya maƙale shi bai cancanci lada ba. Amma wannan hukunci shi ya haifar da dubban wasannin da mutum yake da rarar dakare guda kuma ba yadda zai yi ya ci. Emanuel Lasker, wanda ya riƙe kambun duniya shekara 27 daga 1894 zuwa 1921, yana cikin waɗanda suka nemi a riƙa ba mai maƙalewa wani kaso fiye da rabi. A Baguio ta Filifin a 1978, Korchnoi da Karpov sun yi taku 124 a wasa ɗaya, ƙarshensa maƙalewa.

5.0 Agogo

An gyara tafiyar 'ya'ya, saura masu tura su. Har tsakiyar ƙarni na 19 ba dokar da ta hana mutum ya zauna yana kallon allo har rana ta faɗi. Wasan ƙarshe na karawar Howard Staunton da Saint-Amant a Faris a 1843 ya ci sa'o'i 14 da ɗoriya. A gasar ƙasa da ƙasa ta farko, wadda Staunton ya shirya a Landan a 1851 kuma Adolf Anderssen ya lashe, shi Staunton ɗin ya yi ta ƙorafi a rubuce kan nawar Elijah Williams. Gaskiyar magana, gajiyar da abokin karawa ta zama dabara, irin dai shawarar nan da aka jingina wa Ruy López, limamin cocin Zafra mai littafin 1561, cewa ka ajiye allo yadda rana za ta haske idon abokin wasanka.

A 1861 aka gwada agogon yashi a karawar Anderssen da Kolisch, a gasar Landan ta 1883 kuma aka shigo da tagwayen agogo, wanda in ka tsayar da naka sai na abokin karawarka ya tashi. Daga ranar nan lokaci ya zama ɗan wasa na 17 a hannun kowa, kuma aka sami sabuwar hanyar faɗuwa wadda As-Suli bai santa ba. Friedrich Sämisch, gwanin Jamus da sunansa yake kan sanannun salon buɗi biyu, ya shiga gasar Büsum a 1969 yana da shekara sama da 70, ya faɗi wasanninsa 15 duka saboda ƙarewar lokaci. Can kuma sai ga akasin haka: mutum yana da rinjaye bayyananne amma daƙiƙoƙi suka rage masa, sai wasan tunani ya koma tseren hannu. Bobby Fischer ne ya yi rajistar agogon da ke ƙara wa mutum 'yan daƙiƙoƙi bayan kowane taku, aka yi amfani da shi a karawarsa ta biyu da Boris Spassky a 1992, yau kuma shi ne abin yayi.

Akwai wata al'ada da ta mutu a tsakani. A da, idan aka yi sa'o'i biyar ba a gama ba, sai wanda layi ya zo kansa ya rubuta takunsa a ɓoye, a rufe a ambulan a ba alƙali, a dawo gobe. Daren nan kowa da mataimakansa ba barci. A Reykjavik a 1972, irin wannan wasan da aka ɗage ne Spassky ya bugo waya ya ce ya sallama, Fischer ya zama zakaran duniya da maki 12½ da 8½. Da kwamfuta ta fara yi wa mutane aikin dare, al'adar ta rasa ma'ana, aka daina ta a tsakiyar shekarun 1990.

6.0 Taku 50, ko inda lissafi ya yi karo da haƙurin alƙali

Ina son in ɗan daɗe a nan, domin a nan ne aka fi ganin abin da masu doka suke fifitawa idan tura ta kai bango. Dokar ta ce, idan kowane ɓangare ya yi taku 50 ba a ci ɗa ba kuma ba a motsa dakare ba, ɗan wasa yana iya neman a tashi canjaras. Tsohuwa ce, Ruy López ma ya ambace ta. Tunanin da ke bayanta shi ne, duk nasarar da take ta gaske ba za ta buƙaci fiye da haka ba.

Ashe ba haka ba ne. Tun farkon ƙarni na 20 Alexey Troitsky ya nuna cewa doki biyu a kan dakare ɗaya wani lokaci suna buƙatar fiye da 50. Sannan a shekarun 1980 Ken Thompson, ɗaya daga cikin waɗanda suka ƙirƙiro manhajar Unix, ya sa kwamfuta ta lissafa duk yanayin da zai yiwu idan 'ya'ya biyar suka rage a allo, tana farawa daga mutuwar sarki tana komawa baya. Sakamakon ya kunyata littattafai. Giwa biyu a kan doki ɗaya, wanda tun 1851 ake koyar da cewa mai doki yana iya kare kansa, ya tabbata nasara ce, sai dai takan wuce taku 60 kafin a kama dokin.

Hukumar wasan ta duniya, FIDE, wadda aka kafa a Faris ranar 20 ga Yuli 1924, ta fara bin gaskiyar lissafi. A 1984 ta ba wasu ƙarshen wasa taku 100, ciki har da hasumiya da giwa a kan hasumiya. Abin da ya biyo baya ya zama abin labari: a Belgiret a 1989, Ivan Nikolić da Goran Arsović suka yi taku 269 cikin sama da sa'o'i 20, a kan wannan ƙarshen wasan, kuma aka tashi canjaras. An rage zuwa 75, sannan a 1992 aka soke togaciyar gaba ɗaya aka koma 50 ga kowa. A 2014 ma aka ƙara ɗaure ta: in an kai 75, alƙali zai tsayar da wasa ko ba wanda ya nema.

A ganina hukumar ta yi daidai, ko da yake ta san tana hana wasu nasarar da lissafi ya ce tasu ce. Da aka kammala lissafin 'ya'ya bakwai a Mosko a 2012, an sami yanayin da sai an yi taku sama da 500 kafin a kashe sarki, kuma ko zakaran duniya ya kalli takun ba zai gane dalilin mafi yawansu ba. Nasarar da ɗan Adam ba zai iya bin hanyarta ba, ba tasa ba ce, kuma ba dalilin da zai sa a hana masu shara rufe zaure saboda ita.

7.0 Gasar da ta ƙi ƙarewa

Matsalar canjaras ta fi ciwo a karawar neman kambun duniya, wanda aka fara a hukumance a 1886 tsakanin Wilhelm Steinitz da Johannes Zukertort. Wata dabara ita ce a ce canjaras ba ya cikin lissafi, wanda ya fara cin wasa shida shi ne zakara. Da ita Alexander Alekhine ya karɓe kambu daga José Raúl Capablanca a Buenos Aires a 1927, bayan wasa 34 da 25 daga ciki canjaras ne. Fischer ya nemi a mai da shi goma a 1975, tare da sharaɗin in an yi tara da tara zakara ya riƙe kambunsa. Aka ƙi sharaɗin, ya ƙi zuwa, Karpov ya zama zakara ba tare da ya taɓa ɗa ko ɗaya ba.

A Mosko a Satumbar 1984 dokar cin shida ta kai kanta ƙasa. Karpov ya ci huɗu cikin wasa tara na farko. Garry Kasparov, matashi ɗan shekara 21, ya ga ba sarki sai Allah, ya rungumi canjaras: 17 a jere. Karpov ya ci na biyar a wasa na 27, saura ɗaya, ɗayan nan kuwa ya gagara. Kasparov ya ci na 32, ya ci na 47 da na 48. Ranar 15 ga Fabrairu 1985, bayan wata biyar da canjaras 40, shugaban FIDE Florencio Campomanes ya soke karawar ba tare da gwani ba. Aka koma ƙayyade wasa 24, Kasparov ya ci a Nuwambar shekarar.

Ƙayyadewar ma ba ta raba gardama ba, domin ana iya yin kunnen doki. A Velden ta Ostiriya a 1983, da Vasily Smyslov da Robert Hübner suka kasa rabuwa a zagayen neman cancanta, sai aka kai maganar gidan caca aka juya faifan rulet. Juyin farko ƙwallon ya faɗa sifiri, a na biyu Smyslov ya wuce. Shekara 700 cif bayan littafin Alfonso, ƙwayar caca ta dawo ta ƙofar baya. Yau da wasannin gaggawa ake raba irin wannan gardama. A Landan a 2018 Magnus Carlsen da Fabiano Caruana sun yi canjaras a duka wasanni 12, aka naɗa zakaran dogon tunani da wasan mintuna.

8.0 Hadda

Ɗa mafi girma da saurin 1475 ya haifa shi ne ilimin buɗin wasa. Tunda kuskure a taku na biyar yana iya kashe mutum, dole a san takun farko tun daga gida. Fari yana da zaɓi 20 a takun farko, baƙi ma 20, wato yanayi 400 tun kafin a gyara zama, daga nan kuma lissafin ya tsere wa hankali. Sai aka shiga rubutawa da raɗa suna. Buɗin Sifen yana ɗauke da sunan Ruy López. Kariyar Faransa ta samo sunanta daga wasan wasiƙa tsakanin Landan da Faris da aka fara a 1834. Sadaukarwar Evans kuwa wani matuƙin jirgin ruwa ne ɗan Wales, William Evans, ya ƙago ta a shekarun 1820. Kundin buɗin wasa da aka fara bugawa a Belgiret a 1974 ya kasa su gida 500, daga A00 zuwa E99.

Tun a shekarun 1920 Capablanca ya yi hasashen cewa hadda za ta kashe wasan da canjaras, har ya kawo shawarar a faɗaɗa allo a ƙara sababbin 'ya'ya biyu. Ba a bi shi ba, amma abin da ya hango ya zo. A Landan a 2000 Vladimir Kramnik ya tono wata tsohuwar kariya ta Balin wadda ake musayar sarauniyoyi tun a taku na takwas, Kasparov ya yi ta dukan bango bai ci wasa ko ɗaya ba, kambu ya suɓuce masa. Wannan kuwa shekara uku ne bayan na'urar Deep Blue ta doke shi da 3½ da 2½. Tun daga nan, kwamfutar da ke ɗakin kowane gwani ita ke shirya masa abin da zai haddace.

Magungunan da ake gwadawa yanzu, in aka dube su da kyau, duk waiwaye ne. A Buenos Aires a 1996 Fischer ya gabatar da tsarin da ake yamutsa jeren 'ya'yan baya da ƙuri'a kafin a fara, hanyoyi 960, don kada hadda ta yi amfani. Kramnik kuma, tare da masu binciken kamfanin DeepMind, ya sa manhajar AlphaZero ta gwada wasu sauye-sauye a 2020. Cikinsu akwai soke fakewar sarki, wanda har shi da Viswanathan Anand suka kara a kansa a Dortmund a 2021, akwai kuma mai da maƙalewar sarki nasara, wato dokar da As-Suli ya yi wasa da ita a fadar halifa.

A manyan gasanni na yau, idan gwanaye biyu suka shiga harin Marshall, wanda Frank Marshall ya jefi Capablanca da shi a New York a 1918 kuma Capablanca ya tsallake, za ka ga sun zuba taku goma sha biyar ko fiye cikin 'yan mintuna, ba mai ɗaga kai ya dubi ɗan uwansa. Sai sun iso wani sanannen yanayi sannan ɗaya ya dafe kai ya fara tunani. Masu sharhi, da Rashanci da Ingilishi, suna da kalmar da suke kiran wannan yanayi da ita. Tabiya suke cewa.